Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Kwamishinonin Ilimi Na Arewa: A Dawo Wa Yara Da Kwali Da Almakashi Da Taswira

Zuwa ga masu girma Kwamishinonin Ilimi da shugabannin hukumomin ilimin bai-ɗaya (SUBEB) na jihohin Arewa,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Ranku ya daɗe, bayan gaisuwa da fatan alheri, ina roƙon Allah ya taya ku riƙon amanar da ya ɗora muku. Ni tsohon malami ne, lissafi da zanen fasaha na koyar a makarantun sakandare har na ajiye alli. Na san teburanku cike suke da kukan rufin ajin da iska ta yaye, da yaran da ke zaune a ƙasa, da ƙarin girman malamai da ya maƙale. Waɗannan suna da masu kawo muku su safe da yamma. Abin da na zo da shi ba shi da mai yi masa magana, domin ba ya yoyo da damina, ɗan jarida kuma ba zai iya ɗaukar hotonsa ba.

Wata basira ce makarantunmu suka yi watsi da ita: iya ganin abu a zuci kafin a gan shi da ido. Mutum ya ɗauki siffa a ransa, ya juya ta, ya kifa ta, ya ware ta, ya ninke ta, ya san me ke gabas da me, me zai shige cikin me, ina za a ɓullo idan an bi wannan lungu. Masu sana'a cewa kawai suke yi "yaron nan yana da ido," kuma da sun faɗi haka sun riga sun san wanda za su bar wa shago.

Ku leƙa shagon tela mai ɗinkin mata ana saura mako biyu salla. An kawo masa turmin atamfa, yadi 6, ana son riga da siket da ɗankwali, zanen atamfar kuwa mai fuska ne, furanninta duk sama suke kallo. Zai ware ta a kan tebur, ya ninka biyu, ya rataya tef a wuya, sai ya yi shiru. Mai wucewa zai zaci hutawa yake. A cikin shirun nan yake ɗora gaban riga a nan, ya cusa hannun riga a gefen da ramin hammata ya bari, ya juya bayan siket ya ga ko furen zai kife, ya ware abin da ɗinki zai ci, ya tabbatar ɗankwali bai zama ƙyalle ba. Rigar da babu ita tukuna, ya riga ya gan ta a jikin mai ita, ya kwance ta gunduwa-gunduwa ya shimfiɗa a kan yadi. Sai bayan duk wannan yake jan alli. Dole ya gani daidai, domin almakashi ba ya komawa baya, matar mutane kuma ba ta karɓar uzuri ana gobe salla.

Da irin wannan ganin ne bakanike ke zubar da kayan inji a kan buhu ya mayar da kowane noti gurbinsa. Da shi ungozoma ke shafa ciki ta gane kwanciyar ɗa, ɗan lodi a kasuwar hatsi ta Dawanau ya dubi tarin buhuna ya dubi bayan mota ya ce za su shiga, direban tirela ya yi baya da ita cikin ƙofar sito yana kallon madubi. Shi ɗin dai likita ke bukata idan ya ɗaga hoton ƙashi, da injiniya idan ya buɗe zanen gada.

Ba kuma baƙon abu ba ne a ƙasar nan. Wanda ya san tarihin masallacin Juma'a na Zariya ya san Babban Gwani Muhammadu Durugu, wanda ya gina shi a wajejen shekarun 1830. Matsalar da maginan wancan zamani suka warware babba ce: azara guntuwa ce, ita kaɗai ba ta iya haye ɗaki mai faɗi. Sai suka riƙa ɗora ta hawa-hawa daga bango, kowace ta ɗan zarce ta ƙasanta, ana ɗaurewa ana yaɓe da ƙasa, har hannu biyu su haɗu a sama su zama bakan gizo. Kafin a aza tubalin farko, sai maginin ya ga inda bakunan za su sarƙe a tsakiyar rufi, da inda nauyi zai sauka. A ƙasar Nijar, a garin Yama na jihar Tawa, magini Falke Barmu ya gina masallaci na laka a 1962, ya ci gaba da ƙawata shi bayan shekaru, har ginin ya ci lambar yabo ta Aga Khan ta zanen gine-gine a 1986. Aska takwas da ke ƙirjin babbar riga, da dagin da muke sawa a tambarin Arewa, da zayyanar allon mai saukar Alƙur'ani, duk lissafin siffa ne: daidaita hagu da dama, maimaita zane, sanin zaren da zai bi ta sama da wanda zai bi ta ƙasa.

To jikokin waɗannan mutane, me muke yi da su a aji?

Na sha tsayawa a bakin tagar ajin firamare ina jin yara suna rera wa malami, da Turanci, cewa siffar nan irin ta dunƙulen magi tana da fuska 6, gefe 12, kusurwa 8. Suna rerawa da ƙarfi, babu kuskure. Waɗannan yaran ne ke zuwa hannuna bayan shekaru. Sai in zana murabba'i 6 a allo, a jere kamar gicciye, in ce: idan an yanko wannan an ninke, zai zama akwati ko ba zai zama ba? Aji ya yi tsit. Masu ƙoƙarin cikinsu su shiga laluben littafi, ko akwai wata ƙa'ida da aka ba su suka manta. Babu ƙa'idar da za ta fisshe su, gani ake so. Hanyoyi 11 ne cif ake iya jera murabba'i 6 su ninku su zama wannan akwati, kuma yaron aji huɗu da aka ba kwalin sabulu da almakashi zai iya tono yawancinsu da kansa, yana dariya, kafin a tashi tara. Abin haushin shi ne, sau da yawa wanda ke fara ɗaga hannu yaron kujerar baya ne, wanda aka riga aka yi wa hatimin daƙiƙi, wanda in ka bincika za ka tarar da yamma shagon kafinta ko garejin walda yake zuwa. Katin sakamakonsa ba shi da layin da za a rubuta abin da ya iya.

Kada a ɗauka asarar a takardar jarrabawa ta tsaya. Ga fuloti mai ƙafa 50 a faɗi, 100 a tsayi. Ku tambayi waɗanda suka gama sakandare nawa ne rabinsa, za ku sami masu cewa 25 da 50, tunda an raba kowace lamba biyu. Alhali na farko murabba'in ƙafa 5,000 ne, na biyu 1,250. Rubu'i ne, ba rabi ba. Wanda ya taɓa ninke takarda biyu, ya sake ninkewa, ya buɗe ya ga gida huɗu, ba a yi masa wannan wayo. Masu rabon gado da masu unguwanni sun san yawan zumuncin da ya lalace a kan gonar da ba murabba'i ba ce, aka auna bakinta kawai aka ce an raba daidai.

Ranku ya daɗe, na san ba a ware kuɗin gwamnati a kan labarin tsohon malami, don haka ga abin da masu bincike suka gano.

A 1971 wasu masana biyu a Amurka, Roger Shepard da Jacqueline Metzler, sun riƙa nuna wa mutane zane biyu-biyu na wasu siffofi da aka haɗa da ƙananan akwatuna, suna tambaya: abu ɗaya ne aka juya, ko daban suke? Sai suka ga lokacin da mutum ke ɗauka kafin ya amsa yana ƙaruwa daidai gwargwadon yawan juyin da aka yi wa zanen. Ma'ana, mutum juya abin yake yi a zuci sannu a hankali, kamar yadda zai juya shi a hannu. Aiki ne na gaske da ƙwaƙwalwa ke yi, ana iya auna shi.

Wanda ya fi shafar ofisoshinku shi ne wannan. A 1960 an yi wa ɗaliban sakandare kimanin 400,000 gwaje-gwaje a Amurka, aka bi diddiginsu har shekara 11 bayan sun gama makaranta. A 2009 Jonathan Wai da David Lubinski da Camilla Benbow suka koma kan waɗannan bayanai. Suka tarar kashi 45 cikin 100 na waɗanda suka kai ga digirin digirgir a kimiyya, fasaha, injiniyanci da lissafi sun fito ne daga kashi 4 cikin 100 na sama a gwajin hango siffa. Suka kuma tarar da abin da ya kamata ya hana mai zaɓen ɗalibai barci: cikin yaran da suka fi kowa wannan basira, wato kashi 1 cikin 100 na ƙololuwa, kusan kashi 70 cikin 100 ba su shiga irin wannan sahu a gwajin lissafi ko na harshe ba. Duk jarrabawar zaɓe da ta tsaya kan lambobi da Turanci, za ta tace su ta zubar, ba tare da kowa ya san an yi asara ba.

Da a ce abin halitta ce tsantsa, wanda aka ba an ba shi, da ban ɓata muku lokaci ba. A 2013 David Uttal da abokan aikinsa suka tattara bincike 217 da aka yi kan horar da mutane wannan basira. Sakamakon: tana ƙaruwa da horo, ga yara da manya, maza da mata, ƙaruwar tana daɗewa, tana kuma tsallakawa zuwa ayyukan da ba a yi horon a kansu ba. Direbobin tasi na birnin Landan ma shaida ne. Kafin a ba mutum lasisi sai ya san tituna wajen 25,000 da ka, abin da kan ci shekara 3 zuwa 4. Eleanor Maguire ta ɗauki hoton ƙwaƙwalwarsu a 2000 ta ga ɓangaren da ke riƙe taswirar wuri ya fi na sauran mutane girma ta baya. Aka ce wataƙila da ma haka aka haife su. Sai ita da abokiyar aikinta suka bi masu koyon tun kafin su fara har suka gama, suka wallafa a 2011 cewa girman ya bayyana ne bayan horon, ga waɗanda suka ci jarrabawar. Duk wanda ɗan acaɓa ya taɓa ratsawa da shi lungunan cikin birnin Kano, daga Kurmi ya ɓullo da shi Ƙofar Mazugal ba tare da ya hau titi ba, ba zai yi mamakin wannan ba.

Ba zan yi muku ƙari ba. Tasirin irin wannan horo a kan makin lissafi matsakaici ne, ba tsafi ba ne. Wani nazari na 2022 da Zachary Hawes da abokansa suka yi, wanda ya haɗa bincike 29, ya nuna ribar tana nan amma ba mai girman gaske ba ce. Yaron da bai iya karatu ba, ninke takarda ba zai koya masa baƙi ba. Sai dai akwai abu ɗaya a nazarin da nake so ku ja wa layi: horon da aka yi da kayan da yaro ke riƙewa a hannu ya fi wanda aka yi a kwamfuta tasiri. Na faɗi wannan ne saboda na san ƙasarmu. Kada wani ɗan kwangila ya karanta wasiƙar nan, gobe ya bayyana a ofishinku da takardar sayo kwamfutocin hannu dubu goma. Kada kuma wani mai shirya bita ya zo ya ce a raba yara gida-gida, waɗannan "masu koyo da ido," waɗancan "masu koyo da kunne." An gwada wannan ra'ayi ba a samu hujjar da ta tsayar da shi ba. Kowane yaro yana bukatar wannan horo, har mai haddar da ta fi ta kowa.

Tunda na ambaci hadda, bari in ce wani abu, don kada a juya mini magana. Ba raina ta nake ba. Al'ummar da ta fitar da alarammomi masu rubuta Alƙur'ani da ka ba za a koya mata darajar hadda ba. Ku ma tambayi mahaddaci, sau da yawa zai ce muku yana ganin inda ayar take a shafi, sama ko ƙasa, dama ko hagu. Laifinmu shi ne mun ɗauki hanyar da ta dace da nassi mun ɗora wa abin da ba nassi ba ne. Alwatika ba a haddace ta, yanka ta ake yi. Yaro ya yanko alwatika daga takarda, ya yage kusurwoyinta uku, ya jera su baki da baki, ya ga sun yi miƙaƙƙen layi. Daga ranar ya san dalilin digiri 180, kuma ko an tashe shi daga barci ba zai ce 360 ba. Mu kuwa mu rubuta masa a allo, ya kwafa, ya manta, ya faɗi jarrabawa, mu ce yaran yanzu ba sa son lissafi. An bar jaki ana dukan taiki.

Abin da ya fi ba ni takaici shi ne yaranmu da jarinsu suke zuwa makaranta, mu muke karɓewa a bakin ƙofa. Bahaushe da gabas da yamma yake magana. A ƙauye za ka ji an ce wa yaro "matsa kudu kaɗan," ya matsa ba tare da ya ɗaga kai ya nemi rana ba. Yaro ɗan shekara bakwai ya san alƙibla a gidansu, da gidan kakarsa, da gona. Wannan yaron ne za a kafa wa taswira a jikin bango a ce masa arewa tana "sama." Sama kuma a wurinsa inda hadari yake ne. Daga nan taswira ta zama hoton da ake kwafa, ta rabu da ƙasar da yake takawa. Maganin bai kai naira ɗaya ba: a sauke taswirar a shimfiɗa ta a tsakar makaranta, arewarta ta kalli arewa ta gaskiya, yara su kewaye ta su nuna da hannu inda Katsina take da inda Legas take. A gaya musu ma sa arewa a sama al'ada ce kawai, domin taswirar duniya da al-Idrisi ya kammala a 1154 kudu ta sa a sama. Manyansu kuma a tambaye su: me ya sa alƙiblar Kano ba gabas sak ba ce, ta karkata arewa, kusan digiri 68 daga arewa? A kawo ƙwallo da zare su gano da kansu.

Haka inuwa. Yaron da ke zuwa makarantar allo ko Islamiyya ya ji a fiƙihu cewa lokacin la'asar na shiga idan inuwar abu ta kai tsawonsa, bayan an cire inuwar da ta rage da rana tsaka. Wannan shi ne ƙofar darasin alwatika masu kama da juna. A kafa sanda mai tsawon mita 1, a auna inuwarta, a auna inuwar bishiyar darbejiyar makaranta, a fitar da tsawon bishiyar ba tare da kowa ya hau ba. Ban taɓa ganin ajin da aka yi wannan yara suka yi hamma ba.

Wasanninmu ma haka. Dara, da gurabenta 30 da 'ya'ya 12 ga kowane ɗan wasa, horo ce ta hango inda layin uku zai tashi kafin abokin karawa ya gani. Motar kara da motar gwangwani da yara ke ƙerawa, da ƙafafu masu juyawa da sitiyari mai aiki, zanen injiniya ne ba takarda. Yau yaron birni ya fi samun waya a hannu fiye da karan dawa, babba kuma ba ya zuwa unguwar da ya sani sai da Google Maps. Abin da gida da dandali suka daina bayarwa, in makaranta ba ta bayar ba, babu mai bayarwa.

Sai maganar 'yan mata. A ajin zanen fasaha da na koyar, ƙalilan ne, kuma akan ce musu tun daga gida wannan fagen maza ne. Gaskiya ne a gwajin juya siffa a zuci akan sami maza sun ɗara mata idan an ɗauki matsakaici. Amma ku ji abin da Sheryl Sorby ta yi a jami'ar fasaha ta Michigan da ke Amurka. Ita kanta injiniya ce da ta sha wuya a darasin zane tana ɗaliba. A 1993 ta fara wani ɗan kwas ga sababbin ɗaliban injiniyanci da suka gaza a wannan gwaji: zana abu ta gaba, ta gefe, ta sama, juya shi, yanka shi. Makinsu ya tashi, kuma waɗanda suka yi kwas ɗin, musamman mata, sun fi tsayawa su kammala karatun maimakon su sauya fanni. Yarinyar da ke raba kai gida-gida ta yi shuku ba madubi, ta zana lalle a hannun dama ya fito daidai da na hagu, ta saƙa faifai zanensa bai karkace ba, ba basirar ta rasa ba. Ba a taɓa nuna mata cewa abin da take yi da abin da ke cikin littafin lissafi dangin juna ne ba.

Na san amsar da za a ba ni: manhaja daga Abuja take zuwa, hukumar NERDC ke tsara ta. Haka ne. Amma siffofi da awo da taswira suna cikin manhajar tun da daɗewa. A ƙarshen littafi suke, inda zango ke ƙarewa ba a kai ba, in an kai kuma a karanta su kamar labari. Ba sabon darasi nake roƙo ba, jadawalin ya riga ya cika. Yadda ake koyarwa, da wanda ke koyarwa, da abin da jarrabawar jiha ke tambaya, waɗannan a hannunku suke. Ga shi kuma sabuwar manhajar da Gwamnatin Tarayya ta sanar a 2025 ta shigo da sana'o'i irin su haɗa wutar sola, ɗinki da gyaran waya. Wanne ne a cikinsu ba ya bukatar karanta zane? Yaron da bai taɓa ware kwali ya ga yadda aka yanka shi ba, ta ina zai fara fitar da hannun riga?

Don haka roƙona na farko kan malamai ne, kuma shi ne mai wuyar. Malamin da aka koya wa siffofi da baki, da baki zai koyar, ba don mugunta ba. Na zauna a bita da malaman firamare, manya masu iyali, na ba su takarda na ce a ninke sau biyu a huda da ƙusa, a faɗi inda hudojin za su fito kafin a buɗe. Da farko kunya ta hana su, daga baya gardama ta kaure, har lokacin abinci ya wuce ba wanda ya tashi. Kwalejojin ilimi na jihohi a ƙarƙashinku suke. Ku sa duk mai neman NCE ta koyar da firamare ya yi zango guda yana yanka, yana ninkewa, yana zana abu ta fuska uku, yana zana taswirar unguwarsu, kuma a ba shi maki a kai. Waɗanda ke bakin aiki, ga Cibiyar Malamai ta Ƙasa a Kaduna, ga kuma kason horar da malamai da na kayan koyarwa da ke cikin kuɗin UBEC, hukumar ilimin bai-ɗaya ta ƙasa, wadda dokar 2004 ta ware wa kashi 2 cikin 100 na asusun kuɗin shigar Gwamnatin Tarayya. A kira telan unguwa da birkila da mai ɗinkin hula su shigo bitar a matsayin masu koyarwa, a biya su kamar yadda ake biyan mai digiri.

Za a ce aji mai yara fiye da 100 ba a wannan a cikinsa. Na koyar a irinsa, na san zafinsa da warinsa. Amma a irin wannan aji, yaron da ke layi na goma ba ya ma ganin allo. Takardar da ke hannunsa kuwa yana ganinta. A raba su biyar-biyar, kowane rukuni da kwalin taliya ɗaya daga shagon unguwa, da yumɓu daga bakin rafi, da karan dawa, da zare. Almakashi ne kawai abin saye. A bar malami ya yi bayanin da Hausa ko Fulfulde ko Kanuri ko duk harshen da yaran ke ji, domin "ƙarƙashi" da "tsakanin" da "kifa shi" da "juya shi ta hagu" su ne kayan aikin wannan tunani, kuma yaro ba ya juya abu a zuci da kalmar da bai gane ba. Singafo, wadda ake ta yabon ɗalibanta a lissafi, a kan wannan tsari ta gina koyarwarta tun shekarun 1980: abu a hannu tukuna, sannan zanensa, sannan lamba.

Roƙo na biyu kan jarrabawa ne, domin mu malamai mun san kanmu: abin da ba a tambaya, ba ma koyarwa. Jihar Kano ta kafa makarantun kimiyya na Dawakin Kudu da Dawakin Tofa a 1977, kuma likitoci da injiniyoyin da suka fito daga cikinsu sun isa shaida cewa zaɓen yara da kyau yana biya. Jihohi da dama sun bi sahu. Ku sa tambayoyin zane tsantsa a jarrabawar shiga irin waɗannan makarantu da kwalejojin fasaha, da ta kammala firamare: wanne ne wannan abu idan an juya shi, wane kwali ne zai ninku ya ba da wannan akwati, ga taswira, bi ta nan ka faɗi inda ka ɓullo. Irin waɗannan tambayoyi ba sa bukatar dogon Turanci, saboda haka ɗan ƙauye da wanda ya taso a tsangaya za su samu ƙofar da a yanzu a rufe take gare su.

Ban ce ku yarda da ni ido rufe ba. Kowace jiha ta ɗauki ƙaramar hukuma ɗaya. A zaɓi makarantu, rabi a ba malamansu horon da kayan, rabi a bar su yadda suke. A gwada yaran aji huɗu a farkon shekara, a sake gwada su a ƙarshe, a siffa da lissafi duka. A ba sashen ilimi na jami'ar da ke kusa, Bayero ko Ahmadu Bello ko Usmanu Danfodiyo ko ta Maiduguri, aikin auna sakamakon, kada ma'aikatar ta auna kanta. Sannan a buga abin da aka samu kowa ya gani, ko ya yi daɗi ko bai yi ba. Mu tsofaffin malaman zane da labarin ƙasa muna nan da yawa a garuruwanku, fansho muke jira, kuma in an kira mu bitar za mu zo.

Allah ya ƙara muku lafiya, ya sa ku gama lafiya.

Wassalam.

Naku,
Tsohon malamin lissafi da zanen fasaha,
Kano.